Ciwon Saifa: Tsakanin Faɗuwar Saniya da Zuwan Wuƙa

A watan Yunin 2023, ana saura kimanin makonni biyu Babbar Sallah, Ma'aikatar Noma ta Tarayya ta fitar da sanarwa tana gargaɗin 'yan Najeriya da su dakata da cin ganda da ƙyafaffen nama da naman daji, saboda cutar antaraks ta ɓulla a arewacin Ghana, kusa da iyakarta da Burkina Faso da Togo. A yankin Binduri mutum guda ya riga ya rasu, hukumomin can kuma sun hana zirga-zirga da dabbobi da yanka su na tsawon wata guda. A nan gida sanarwar ta fi zama abin raha. Masoya ganda suka yi ta ba'a cewa gwamnati ta sa ido a kan ɗan abin da ya rage wa talaka a miya. Aka yi Sallah, aka ci nama, aka manta.

Ranar 17 ga Yuli aka tabbatar da cutar a wata gona da ke Gajiri, kan hanyar Abuja zuwa Kaduna, a ƙaramar hukumar Suleja ta Jihar Neja. Gonar tana da shanu da tumaki da awaki, an kuma ga jini yana fita ta hanci da ido da kunne da duburar dabbobin da suka kamu. Kafin watan ya ƙare Legas ma ta ba da nata rahoton. A Janairun 2025 sabuwar Ma'aikatar Bunƙasa Kiwo ta sanar da ɓullar cutar a Zamfara. Kowane karo tsarin ɗaya ne: sanarwa, jerin shawarwari, alkawarin rigakafi, sannan shiru.

Ra'ayina shi ne duk waɗannan sanarwoyi sun bar jaki suna dukan taiki. Suna magana da mai cin nama a birni, wanda shi ne na ƙarshe a layi kuma mafi ƙarancin haɗari. Mutumin da makomar cutar take hannunsa shi ne wanda ke tsaye a kan saniyarsa da ta faɗi, yana da 'yan mintoci ya yanke shawara ko ya aika a kawo wuƙa ko ya bar ta ta mutu. Har yau babu wata manufar gwamnati da ta isa wurin wannan mutumin da wani abin da ya wuce nasiha.

Cutar ba baƙuwa ba ce. Makiyaya da mahauta sun daɗe da saninta da sunan ciwon saifa, domin idan aka buɗe cikin dabbar da ta kashe, akan tarar saifarta ta kumbura ƙwarai, ta yi baƙi, ta yi laushi kamar za ta narke a hannu. Sunan da likitoci ke kiran ta da shi ya samo asali ne daga kalmar Girkanci mai ma'anar gawayi, haka ma sunanta na Faransanci da ake amfani da shi a asibitocin Nijar, saboda baƙin ɓawon da take fitarwa a fatar mutum. Wato makiyayi ya raɗa mata suna daga abin da ya gani a cikin dabba, likita kuma daga abin da ya gani a hannun mahauci. Wannan kaɗai ya isa ya nuna hanyar da take bi.

Mai haddasa ta wata ƙwayar bakteriya ce da ke da rayuwa iri biyu. A cikin jinin dabba tana hayayyafa da sauri, tana fitar da dafi, amma ba ta da juriya. Da zarar ta haɗu da iska, sai ta naɗe kanta cikin wani ƙwanso mai tauri, ta kwanta kamar irin ciyawa da ke jiran damina. A wannan hali rana ba ta kashe ta, fari ba ya kashe ta, kuma tana iya shekaru gommai a cikin ƙasa. A 1942 sojojin Birtaniya sun gwada ta a matsayin makami a wani ɗan tsibiri na Sikotland mai suna Gruinard. Sai da aka yi wa tsibirin wanka da magani mai ƙarfi, kuma ba a ce mutane su koma ba sai 1990, bayan shekara 48. Filin da saniya mai ciwon saifa ta zubar da jini a bana yana iya kashe shanun jikokin mai garken.

Dabba takan ɗauke ta ne a wurin kiwo ko mashaya. Abin ya fi faruwa a ƙarshen rani, lokacin da ciyawa ta ƙare har saniya tana haɗawa da ƙasa, da kuma farkon damina, lokacin da ruwa ke tono ƙwanson yana tara shi a fadamu da kududdufai. A jikin shanu da tumaki da awaki cutar ba ta jan lokaci. Dabbar da aka gani lafiya da yamma ana iya tarar da ita a mace da safe, ko a gan ta tana rawar jiki, tana haki, tana tangaɗi, cikin sa'o'i kaɗan ta faɗi. Gawar takan kumbura da wuri, ba ta sandarewa yadda aka saba, baƙin jini wanda ba ya daskarewa yana tsattsafowa daga kafofin jiki. Raƙuma da dawaki da jakuna ma ba su tsira ba.

Ga wurin da ya kamata mai karatu ya riƙe, domin duk sauran maganar a kansa take. Idan ba a buɗe gawar ba, yawancin ƙwayoyin da ke cikinta ba sa samun iskar da za su yi ƙwanso da ita, kuma ruɓewar gawar takan hallaka su cikin 'yan kwanaki, musamman a ƙasa mai zafi irin tamu. Shi ya sa likitocin dabbobi ba sa feɗe irin wannan gawa ko don bincike. Umarnin shi ne a toshe kafofinta, a hana karnuka da ungulu yaga ta, a ƙone ta ƙurmus a inda ta faɗi, in hakan ya gagara a binne ta a rami mai zurfin kimanin mita 2 tare da ƙasar da jinin ya taɓa. Cuta ce da ke neman taimakon wuƙa kafin ta bazu sosai, mu kuma al'adarmu ta tanadar mata da wuƙar.

A kawo wuƙa

Duk wanda ya tashi a gidan da ake kiwo ya san wannan kiran. Dabba ta faɗi, ana ganin ba za ta tashi ba, sai a yi maza a yanka ta kafin rai ya fita, kada ta zama mushe a yi biyu babu. A mafi yawan lokuta wannan dabara ce mai kyau. Saniyar da mota ta buge, ko wadda ta karye, ko wadda ta ci leda cikinta ya toshe, namanta lafiya lau ne, yanka ta kuma ceton dukiya ne. Amma a ciwon saifa, sa'ar da dabbar ke gargarar mutuwa ita ce sa'ar da jininta ya fi cika da ƙwayoyin cutar, miliyoyi a cikin ɗan abin da bai cika cokali ba. Wuƙar da ta halasta naman ita ce ta kwararar da wannan jini a ƙasa, ta buɗe gawar ga iska, ta kuma gayyato hannuwan mutane.

A ƙirga hannuwan. Akwai wanda ya yanka, da waɗanda suka danne, da masu fiɗa, da yaran da ke riƙe ƙafafu. Akwai matan da za su wanke kayan ciki a bakin rijiya. Akwai mai babur da zai goya naman zuwa gari na gaba, da wanda ya sayi fatar. Idan aka raba naman watanda, kamar yadda ake yi don a rage wa mai dabba asara, to gida ashirin ko talatin sun samu kaso a yini guda. Daga nan sauran ya tafi tukubar mai tsire, ko a shanya shi kilishi, ko a ƙyafe shi ya yi doguwar tafiya. Dahuwa mai kyau tana rage haɗari ƙwarai, amma shanya a rana da ƙyafi ba sa yi wa ƙwanson komai, gashin da ya bar tsakiyar nama da ja ma haka. Kuma kafin a kai ga tukunya, mai yankawa da mai wankewa sun riga sun taɓa.

A jikin mutum cutar tana shiga ta ƙofa uku. Mafi yawa, fiye da kashi 90 cikin ɗari, ta fata take shiga, ta wani ɗan yanka ko ƙarzuwa, abin da hannun mahauci ba ya rabuwa da shi. Cikin mako guda sai wani ƙurji ya fito mai ƙaiƙayi kamar cizon ƙwaro, ya ɗuri ruwa, ya fashe, tsakiyarsa ta yi baƙi ƙirin, gefensa ya kumbura sosai. Abin yaudarar shi ne yawanci ba ya zafi, don haka mai shi yakan ɗauka maruru ne ya shafa abin da ya samu ya ci gaba da aiki. In an ba da magani da wuri, da wuya ya yi kisa. In aka ƙyale shi, yana iya kashe har mutum guda cikin biyar. Ta biyu ita ce ta ciki, ga wanda ya ci naman da bai dahu ba: zazzaɓi, amai, ciwon ciki, gudawa da jini, wani lokaci kumburin maƙogwaro. Wannan tana kisa sosai, kuma a ƙauye za a ce kwalara ce ko taifod ko sammu. Ta uku, wadda ta fi muni, ita ce ta shaƙa, ga mai aiki cikin ƙurar busasshiyar fata ko gashi. Wani abin sauƙi guda shi ne ba cuta ba ce da ke yawo daga mutum zuwa mutum kamar mura ko ƙyanda. Mai jinya ba abin gudu ba ne.

Addini ya riga ya yi mana rabin aikin, gaskiya ne. Haramcin cin mushe ya tsare al'ummar Musulmi daga abin da ya jawo yawancin mace-macen da ake gani a wuraren da ake feɗe dabbar da aka tsinta a mace a ci. A ƙarshen 2023 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da rahoton mutane sama da 1,100 da ake zargin sun kamu, 20 kuma sun mutu, a Zambiya da Zimbabuwe da Malawi da Kenya da Yuganda, kuma taɓawa da cin naman dabbobin da cutar ta kashe shi ne babban dalili. Sai dai kariyar da muke da ita tana da ƙofa a gefe, ƙofar kuwa ita ce rige-rigen yanka kafin rai ya fita. Tambayar da ake yi a wurin ita ce ko dabbar ta motsa bayan yanka, ko jini ya zuba. Ba a cika tambayar me ya kayar da ita ba.

A ganina wannan wuri ne da malamai za su fi kowane jami'i tasiri. Yanka yana fitar da dabba daga hukuncin mushe, amma ba ya cire dafin da ke jininta, kuma shari'ar da ta hana mushe ita ce ta hana mutum ya cutar da kansa ko waninsa, ita ce kuma ta hana ɓoye aibin haja ga mai saye. Wanda ya sayar da naman dabbar da ta faɗi farat ɗaya tana zubar da baƙin jini, bai faɗa wa kowa ba, algus ya yi, ko da ya ambaci sunan Allah sau goma kafin ya sa wuƙa. Huɗuba guda a kan wannan a masallatan garuruwan da ke da kara, a farkon damina, za ta isa inda takardar ma'aikata ba ta taɓa isa ba.

Sai maganar fata, wadda sanarwar 2023 ta taɓo ta gefen ciki kawai. Mutumin da ba zai taɓa cin mushe ba yana iya feɗe shi ya cire fatar, domin ita kaɗai ce abin da zai tsira da shi. Fatar nan ta bushe, ta shiga dila, ta bi mota zuwa majema ko zuwa masu sarrafa ganda a kudu, ƙwanson yana manne da gashinta. A ƙarni na 19 masu tsefe ulu a masaƙun Bradford ta Ingila sun yi ta mutuwa da nau'in shaƙa har aka raɗa wa cutar sunan sana'arsu. A 2006 wani mai haɗa ganguna a birnin Niyok ya kamu da shi daga busassun fatun awaki da ya shigo da su daga Kwaddibuwa. Kano da Sakkwato sun yi ƙarnoni suna jima da dukanci. Majemi da baduku da mai ɗaurin kalangu sun fi mai cin ganda a gidan abinci kusa da haɗari, amma babu wanda ya yi musu magana da sunan sana'arsu.

Nasiha ba ta biyan asara

Yanzu mu tsaya a matsayin mai saniyar. A kasuwar yau babban sa yana iya kai miliyan guda na naira, a ƙasar da mafi ƙarancin albashi yake naira 70,000. Ga ƙaramin manomi mai shanun noma biyu, ɗayansu shi ne garmarsa da amalankensa da asusun auren 'yarsa. Idan ya yanka ya sayar wa mahauci a wulaƙance, zai tsira da wani abu. Idan ya bi umarnin hukuma, zai rasa dabbar gaba ɗaya, sannan ya nemo itacen da zai cinye gawar sa har toka, wanda ba ƙaramin kuɗi ba ne, ko ya biya masu haƙa ramin mita 2 a ƙasar da ta yi tauri. Bayan haka jami'ai za su hana garkensa motsi na makonni, dillalai su ji labari su guji dabbobinsa, maƙwabta su zarge shi da jawo wa gari hukuma. Mun tsara abin ta yadda mai gaskiya zai biya sau huɗu, mai ɓoyewa kuma ya koma gida da kuɗi. Sannan mu ce jahilci ne ke damunsu.

Ba jahilci ba ne, lissafi ne, kuma lissafin daidai yake. Makiyayin da ya raɗa wa cuta suna daga siffar saifa ba ya bukatar a koya masa alamominta. A bayan wannan akwai tsohon tarihi: tun zamanin jangali makiyayi ya koyi cewa duk abin da hukuma ta sani game da garkensa kuɗi zai ci masa.

Saboda haka abin da nake kira a yi shi ne diyya, mai sauri, a hannu. Ba lallai ta kai farashin kasuwa ba. Ya isa ta ɗara abin da mahauci zai bayar a kan dabbar da ta faɗi, tare da gwamnati ta ɗauki nauyin ƙonewa ko binnewa. Da zarar kiran likitan dabbobi ya fi kiran mahauci riba, an gama rabin yaƙin. Ba sabon abu ba ne a Najeriya. Lokacin da murar tsuntsaye ta ɓulla a Jihar Kaduna a Fabrairun 2006, gwamnati ta biya diyya ga masu kajin da aka kashe. Kuɗin farko, naira 250 a kan kowace kaza, ya yi kaɗan kuma yana makara, har masu gonaki da dama suka gwammace su sayar da kajinsu a ɓoye. Darasin da ke ciki shi ne diyyar da ta gaza farashin ɓoyewa, ko wadda sai an yi watanni ana zarya a sakatariya, daidai take da babu.

Na san abin da za a ce. Za a ce duk saniyar da tsufa ko yunwa ta kashe za ta koma mai ciwon saifa ranar biya, jami'ai kuma za su ƙirƙiro matattun shanu a takarda. Tsoro ne mai tushe, duk wanda ya san yadda ake rabon takin gwamnati ba zai raina shi ba. Amma wannan cuta tana da sauƙin tabbatarwa fiye da yawancin cututtuka. Ɗigon jini daga kunnen gawar, a shafa a gilashi, a rina, a duba a madubin likita, ya isa ya ba da amsar farko a ranar, kafin Vom ta tabbatar. A biya cikakkiyar diyya ga wadda aka tabbatar, a biya ɗan ladan rahoto ga wadda ba a tabbatar ba don kada mutane su daina kira, Ardo da Sarkin Pawa da mai unguwa su sa hannu a matsayin shaidu. Kuma cutar ba ta kashe dubban shanu a lokaci guda kamar bushiya. Takan ɗauki biyar a nan, goma a can. Kuɗin diyyar shekara guda a jiha ba zai kai na motocin rakiyar gwamna ba.

Diyya tana tsayar da wuƙa ne kawai. Abin da ke hana saniyar faɗuwa tun farko shi ne rigakafi, kuma a nan abin takaicin ya fi yawa, domin ba wani sabon ilimi ake jira ba. Wannan ce cutar da Robert Koch ya yi amfani da ita a Jamus a 1876 ya nuna cewa ƙwaya takamaimiya ce ke haddasa cuta takamaimiya. A 1881 Louis Pasteur ya tara jama'a a wata gona a Pouilly-le-Fort ta Faransa, ya yi wa rabin tumaki allura ya bar rabi, sannan ya sa wa duka cutar. Waɗanda ba a yi wa ba suka mutu, sauran suka ci gaba da kiwo. Allurar da ake amfani da ita a yau Max Sterne ne ya samar da ita a Afirka ta Kudu a shekarun 1930. Cibiyar binciken cututtukan dabbobi da ke Vom a Jihar Filato, wadda ta haura shekara ɗari, tana haɗa ta. Akwai irin wannan ɗakin haɗa allura a Yamai, akwai a Garwa ta Kamaru. Tana da araha, sau ɗaya ake yi a shekara. Matsalar ita ce "a shekara". Mu mun saba yin ta ne bayan an ga gawa, a kewayen inda aka gani, gaban masu ɗaukar hoto.

Abin da ke faruwa idan aka daina ba ɓoyayye ba ne. A Zimbabuwe, kafin yaƙin neman 'yanci ya yi tsanani, masu kamuwa da cutar 'yan tsirari ne a shekara. Da yaƙi ya kori ma'aikatan dabbobi daga karkara, rigakafi ya tsaya, tsakanin 1978 da 1980 mutane sama da 10,000 suka kamu, 182 suka mutu. A yankin Yamal na arewacin Rasha an daina yi wa dabbobin kiwo allura a 2007 saboda an daɗe ba a ga cutar ba. A 2016 aka yi zafin da ya narkar da ƙasar da ta daɗe a daskare, dabbobi sama da 2,000 suka mutu, da yaro ɗan shekara 12. Ƙasa ba ta manta ba, hukuma ce ta manta.

Labarin Zimbabuwe shi ya fi tayar mini da hankali, domin duk wanda ya karanta shi zai tuna Zamfara da gabashin Sakkwato da yammacin Katsina da Birnin Gwari. Akwai dazuzzukan da ma'aikacin dabbobi ya yi shekaru bai taka ba. Shanun sata suna sauya hannu da sauri, ana yanka su inda babu mai dubawa. Garkunan da rikici ya kora suna kiwo a filayen da ba su san tarihinsu ba, alhali a da dattawan ruga sun san fadamar da ake kauce wa saboda ta taɓa cin shanu. Ga kuma kasuwannin kan iyaka irin su Maigatari da Mai'aduwa da Illela, inda dabba kan kwana a Nijar ta wayi gari a Najeriya, bayan kwana biyu tana Legas. Gonar da ke bakin titin Abuja ta samu wanda ya kira hukuma. Ba na jin kowace ruga tana da wannan gata, kuma ƙarancin rahoto daga wuraren da babu mai kai rahoto bai kamata ya kwantar wa kowa da hankali ba.

An taɓa yin abin da ya fi wannan wuya. A 1962 Najeriya da Nijar da Chadi da Kamaru suka fara gangamin haɗin gwiwa na rigakafin bushiya, ana bin garke ruga-ruga ana yi wa dabba alama a kunne. An yi sakaci, cutar ta dawo a farkon shekarun 1980 ta yi ɓarna, aka sake tashi, har aka ayyana shafe ta daga duniya a 2011. Ciwon saifa ba zai shafu haka ba tunda gidansa ƙasa ce, amma hanyar isa ga garke ɗaya ce: a tafi inda shanu suke taruwa, a mashaya da kara da burtali, kafin ruwan farko, a haɗa ta da allurar ciwon huhu da ta harbin daji don makiyayi ya ga tafiyar ta biya. Inda jami'i ba zai iya shiga ba, a horar da 'ya'yan makiyayan kansu, a ba su akwatin sanyi. Akwai wani ƙaramin abu da ke ɓata aikin wanda ya kamata a riƙa faɗa: allurar rigakafin tana ɗauke da ƙwaya mai rai wadda aka raunana, don haka idan makiyayi ya bi ta da allurar tetarasaikilin da ake sayarwa a kowace kara, ya kashe ta kafin ta yi aiki.

Ɓangaren asibiti shi ne mafi sauƙi kuma mafi arha. Maganin cutar a jikin mutum ba wani na musamman ba ne: fenisilin, doksisaikilin, sifuro, duk suna nan a ƙaramin asibitin karkara. Abin da ya rage shi ne a gane ta. Ma'aikacin lafiyar da ya ga gyambo mai baƙar tsakiya da kumburi, wanda ba ya zafi, ya kamata tambayarsa ta farko ta zama sana'ar mai shi da kuma ko an yanka wata dabba mara lafiya a unguwarsu cikin makon. Idan amsar ta zama e, akwai wasu mutum goma da bai gani ba tukuna, akwai kuma garken da ke kiwo a kan jinin. A yawancin ƙananan hukumomi shi da jami'in dabbobi ba su da lambar wayar juna, duk da cewa ofisoshinsu suna cikin sakatariya ɗaya. Wannan gyaran ba ya bukatar kasafin kuɗi.

Mai karanta wannan wasiƙa galibi ɗan birni ne, amma ba ɗan kallo ba ne. Da yawanmu muna da shanun da muka ba da kiwo a ƙauye, muna aika kuɗin dusa da kanwa, ba mu taɓa tambayar yaushe aka yi musu allura ba. Mu ne ake bugo wa waya a ce saniya ta faɗi an samu an yanka, mu ce alhamdu lillahi, a sayar a aiko da abin da ya samu, wani lokaci har a aiko mana da cinya a mota. Mu ne kuma muke da ƙarfin da za mu iya ɗaukar asarar dabba guda ba tare da gida ya girgiza ba, abin da mai kiwon ba shi da shi. Kafin gwamnati ta yi nata, mai dabba yana iya gaya wa mai kiwonsa tun yanzu cewa duk wadda ta faɗi farat ɗaya, ko aka ga jini a hancinta ko bayanta, kada a yanka, kada a feɗe, kada a ja ta a ƙasa, a kira malamin dabbobi, asarar kuma tasa ce shi mai dabba, ladan kiwo ba zai ragu ba. Sai ya tambayi lambar jami'in dabbobi na ƙaramar hukumar, ya kuma aika kuɗin allura a watan Afrilu, kafin hadarin farko ya haɗu.